Wasiƙa zuwa ga ɗana Bashir

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana cikin ƙoshin lafiya, mahaifiyarka da ƙannenka suna gaishe ka.

Dalilin wannan takarda shi ne labarin da ya iske ni nan Agege, cewa wasan talabijin ɗin da ka shafe watanni kana tsara wa kiɗa a Surulere ya fito, an jera sunayen kowa har da direba da mai dafa abinci, amma babu naka. An kuma ce furodusan ya sallame ka da kuɗi sau ɗaya, ka sa hannu a takardar da ba ka bai wa kowa ya duba ba.

Bashir, sana'arka ba ta taɓa ba ni kunya ba. Lokacin da ka shiga makarantar kiɗa ta MUSON da ke Onikan, ka san maganganun da na haɗiye daga dangi a Kano, kuma ka san abin da na sayar kafin na saya maka kwamfuta da kayan aiki. Abin da ke hana ni barci shi ne ka tsufa a kan aikin da ba wanda zai iya shaida cewa naka ne. Ɗan wasa ana ganin fuskarsa, mawaƙi ana jin muryarsa, kai kuwa kiɗanka yana ƙarƙashin maganar wasu, mai kallo zai zubar da hawaye ba tare da ya san wanda ya taɓa masa zuciya ba. Idan sunanka bai fito a ƙarshen fim ba, da me za ka nemi aiki na gaba?

Dokar haƙƙin mallaka ta 2022 ta ba ka ikon neman a ambaci sunanka a kan aikinka, kuma tana kare kiɗa har shekara 70 bayan rasuwar mai shi. Wannan gadon 'ya'yanka ne, ka sallama shi saboda kuɗin hayar ɗaki? Kai da ka ga yadda Kawu Sale ya ƙare, ai bai kamata a yi maka wannan ba. Kunyar tambayar haƙƙinka ba ladabi ba ne, sakaci ne.

Na san ba son zuciya ya kai ka ba, tsoron kada a daina kiranka ne. Ka zo gida ranar Asabar da kwafin takardar mu kai wa lauya ya karanta, sannan ka je ka yi rajista da MCSN, masu karɓar wa makaɗa kuɗin amfani da ayyukansu. Kada ka ƙara sa hannu a komai kafin mu gana. Allah ya yi maka albarka.

Mahaifinka