Ku ba mu labarin Hedrick Smith, mai bin sawun kuɗin fansho a Amurka

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Shekara 31 na yi ina haɗa takardar albashin ma'aikata kafin na ajiye aiki. Har yau in aka miƙo mini takarda, idona layin ƙasa yake fara nufa, inda ake rubuta abin da aka cire da abin da ya saura. Wannan ɗabi'ar ce ta sa nake roƙonku ku ware shafi ga aikin Hedrick Smith.

Ɗan jarida ne. Ya wakilci jaridar New York Times a Mosko, har ya ci lambar Pulitzer, babbar lambar yabon aikin jarida a Amurka, a 1974. Daga baya ya koma shirya fina-finan gaskiya ga tashar talabijin ta PBS a Amurka, ya tasa manufofin tattalin arzikin ƙasarsa a gaba. A 2004 ya binciki yadda arahar kantunan Walmart ke kora masana'antu zuwa Sin. Wannan kam kowa ya ji labari.

Fim ɗinsa da ya hana ni barci shi ne na 2006 a shirin Frontline na tashar PBS, kan ritaya. Jikata ce ta kunna mini a waya, na sa ta mayar baya sau uku. A da, kamfani ne ke ɗaukar alkawarin biyan ma'aikaci wani abu sananne duk wata har ya koma ga Allah. Sai wani sashe na dokar haraji ta 1978, mai lamba 401(k), ya buɗe wata ƙofa: ma'aikaci ya tara da kansa, ya zaɓi inda za a zuba, in kasuwar hannun jari ta faɗi, asararsa ce. An sauke kaya daga kan kamfani an aza wa mai ɗaukar albashi, kuma aka ce masa 'yanci aka ba shi. Wanda ya yini a tsaye gaban inji, yaushe ya koyi karatun hannun jari?

Smith bai tsaya a bakin masana ba. Ya zauna da ma'aikatan jirgin United Airlines, kamfanin da ya shiga kotun fatara a 2002, kuma a 2005 alƙali ya yarje masa ya jibga fanshonsu kan hukumar inshorar fansho ta gwamnati. Ita kuwa hukumar tana da iyakar abin da take biya, don haka wasu suka tashi da ƙasa da abin da aka yi musu alkawari. Na san irin kallon da mutum ke yi wa takarda in lissafi bai kai ba. Ta tagar ofishina na sha ganinsa.

Ina da ƙorafi ɗaya a kansa. Yakan yabi zamanin da fiye da kima, alhali ko a lokacin ma ba kowane ma'aikaci ke da fansho ba, balle na ƙananan wuraren aiki.

In za ku rubuta, don Allah ku ba wanda ya iya lissafi, kuma ku buga da manyan baƙaƙe. Idon wasunmu ya fara gajiya.

Naku,
Wani tsohon akawun albashi