Wasiƙa daga Arizona zuwa Damagaram

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Aminina, bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata kana lafiya kai da iyali. Ka gaishe mini da Hajiya, ka ce mata ina neman addu'a. Mu nan Finiks, a jihar Arizona ta Amurka, lafiya lau, sai dai zafi. Garin nan daga ƙarshen Yuni zuwa ƙarshen Yuli na 2023 ya yi kwana 31 a jere kullum zafin rana na kai digiri 43 ko ya wuce.

Saƙonka ya iso, kuma maganar ƙaninka Auta ta tsaya mini a rai. Ka ce ya haɗu da wani a tashar Agadas, mutumin ya ce abokinsa ya taɓa tsintar zinare a wani kwari can bayan Jado, abokin ya rasu, amma kafin ya cika ya yi masa kwatancen wurin, yanzu kuɗin mota da na mai kawai ake nema. Hankalina ya tashi ne domin na san labarin nan sarai. A ƙasar da nake zaune an fi shekara 130 ana ba da shi, kuma ya ci mutane.

Gabas da Finiks, tafiyar kamar awa ɗaya a mota, akwai wasu duwatsu da ake kira Superstition. Jajaye ne, tsirara, cike da kwazazzabai masu kama da juna, ruwa kuwa sai wanda ka ɗauko. A ƙarni na 19 wani Bajamushe mai suna Jacob Waltz ya zauna a yankin, yana ɗan noma a bakin kogin Salt, yana kuma neman ma'adinai. A farkon 1891 kogin ya yi ambaliya ya cinye gonarsa, tsohon ya kamu da ciwon huhu. Wata mata mai suna Julia Thomas, mai shagon kayan zaƙi a garin, ta ɗauke shi ta yi jinyarsa har ya rasu ranar 25 ga Oktoba na wannan shekarar. Iyakar abin da ya tabbata ke nan. Sauran duk "an ce" ne: an ce an sami akwati da duwatsun zinare a ƙarƙashin gadonsa, an ce yana gargarar mutuwa ya faɗa mata inda ramin yake, kusa da wani dogon dutse mai tsini da ake kira Weaver's Needle.

Matar nan ita nake ji wa tausayi fiye da kowa. A 1892 ta sayar da shagonta, ta haɗa guzuri, ta shiga duwatsun nan da rani tare da wasu mutum biyu 'yan gida ɗaya. Suka yi ta yawo har kuɗi ya ƙare, suka dawo hannu rabbana. Ba shago, ba zinare. Don ta ci abinci sai ta koma zana taswira tana sayar wa masu neman ramin, ramin da ita kanta ta nema ta rasa. Ina ganin ba mugunta ta kai ta ba, talauci ne. Amma ka duba, tun daga ranar, kuɗin da aka tabbata ramin nan ya kawo wa wani na taswira ne, da na littattafai, da na masu kai baƙi yawon buɗe ido.

Daga baya labarin ya yi ta ƙara ƙiba. Aka ce asali wasu 'yan Meksiko ne, gidan Peralta, suka fara haƙa wurin, 'yan ƙabilar Apache, mutanen asalin yankin, suka far musu a wajejen 1848 suka kashe su, suka rufe bakin ramin. Masana tarihi sun bincika ba su sami takardar da ta tabbatar da hakan ba, amma har yau akwai fili a gindin duwatsun da ake nuna wa baƙi a ce nan aka yi kisan. Wasu ma cewa suke abin bautar Apache ne ke gadin dutsen, kamar yadda kakanninmu ke cewa tulun azurfar da aka binne a kufai aljani ke zaune a kansa.

Wanda ya sa duk Amurka ta san zancen shi ne Adolph Ruth. Dattijo ne, ƙafarsa ma ba ta da lafiya, ɗansa ya samo masa wasu taswirori daga Meksiko. A watan Yuni na 1931, tsakiyar zafi, ya sa aka kai shi cikin duwatsun aka bar shi shi kaɗai. Bai fito ba. Sai a Disamba aka tsinci ƙoƙon kansa da huda biyu, sauran ƙasusuwan kuma aka gan su a wani wuri bayan wata guda. Wani masanin ƙashi ya ce hudar harsashi ce, hukumar yankin ba ta ɗauki abin a matsayin kisa ba. Kai da ni za mu zaci wannan zai tsorata mutane. Ina! Jaridu na bugawa, sai aka ce ai tunda an kashe shi, to ya gano wurin. Masu nema suka ƙaru. Ko daga baya ba a daina ba: wani mutumin Denver ya shiga a ƙarshen 2009, sai a 2012 aka ga gawarsa a tsagin dutse, a Yuli na 2010 kuma mutum uku daga Utah suka shiga tare, dukansu ba wanda ya dawo da rai.

Abin da ya fi ba ni takaici, masana ƙasa sun daɗe da faɗin cewa duwatsun Superstition na aman wuta ne, irin da ba a cika samun jijiyar zinare a ciki ba. Zinaren gaske an same shi ne a waje, a Goldfield, dab da gindin duwatsun, jim kaɗan bayan rasuwar Waltz. Can aka haƙa, aka auna, aka biya ma'aikata, da ya ja baya garin ya watse. Ba wanda ke mutuwa wajen neman Goldfield, domin kowa ya san inda yake. Wanda ba a gani ba shi ke jan mutane, tunda duk wanda ya dawo hannu wofi cewa yake kwarin da ke gaba ne bai duba ba. Tun 1984 ma doka ta hana sabon haƙar ma'adinai a cikin dajin, ko ka samu ba naka ba ne, amma ana shiga.

Kada ka ce ina musun akwai zinare a hamadarmu. Akwai shi. Mu duka mun tuna 2014, lokacin da aka same shi a Jado, samari suka bar kasuwa da gona suka nufi arewa da na'urar neman zinare, wasu suka dawo suka gina gidaje suka yi aure. Mun kuma tuna gwamnati ta rufe wurin a 2017, da waɗanda mota ta lalace musu a Tenere ƙishirwa ta gama da su. Wurin da aka sani, mai rijiyoyi da masu saye da sikeli da motar ruwa, hatsarinsa daban. Wanda mamaci ya kwatanta kuwa, ba mai iya komawa ya tambaye shi ko dutsen hagu yake nufi ko na dama.

Don haka ga roƙona. Kada ka yi wa Auta faɗa, ka san halinsa, faɗa tura shi zai yi. Ka zaunar da shi ka tambaye shi cikin natsuwa: mutumin nan nawa ya zuba daga aljihunsa? Ya nuna dutsen zinaren, an kai wa maƙeri ya gwada? Su wa ya taɓa kaiwa, kuma suna ina yanzu? In ya san wurin da gaske, me ya sa yake neman kuɗin yaron da bai fi sati biyu da saninsa ba? Mutanen Kawar da Tubawan da suka san kowane kwari a can, me ya hana su riga shi?

In kuma zuciyarsa ta kafe sai ya tafi neman zinare, to ya tafi inda ake aiki a fili, tare da mutanen garinmu da suka san hanya, cikin ayarin motoci, kuma kada ya taɓa filin da Baba ya bar muku. In jari yake so ya ci gaba da gyaran babura, ka faɗa mini abin da kayan aiki za su ci, zan aiko da abin da Allah ya hore a ƙarshen wata. Ka ba shi lambata ya kira ni ranar Lahadi bayan isha'inku, lokacin ina gida.

Ka gaida amarya da yara, da mutanen majalisa baki ɗaya. Allah ya tsare mana shi, ya bar zumunci.

Wassalam,
naka amini.