Takardar Koke Kan Rikicin Gidajen Haya a Zuba

Zuwa ga Mai Martaba Agora na Zuba,
Ƙaramar Hukumar Gwagwalada, Babban Birnin Tarayya.

Assalamu alaikum. Allah ya ja zamanin Sarki.

Mu talakawanka ne, masu gidaje da 'yan haya da dillalai. Mun haɗa baki ne domin rigimar haya ta yi yawa a unguwanni, kuma kusan duk tushenta ɗaya: ana shiga gida da baki, ba takarda, ba rasit, ranar rabuwa kowa ya kawo nasa lissafin.

Ranka ya daɗe, doka ba ta bar wannan a duhu ba. A ƙarƙashin dokar karɓe gida daga hannun ɗan haya da ke aiki a Abuja, in ba a yi wata yarjejeniya dabam ba, mai biyan mako ana ba shi notis na mako guda, mai biyan wata notis na wata guda, mai biyan wata uku-uku notis na wata 3, mai biyan shekara kuwa wata 6. In wa'adin ya cika bai tashi ba, sai a sake ba shi takardar kwana 7, wadda ke sanar da shi cewa mai gida zai kai ƙara. Daga nan sai kotu. Alƙali ne ke yanke hukunci, ma'aikatan kotu ne ke fitar da kaya, ba mai gida da yaransa ba. Notis ɗin nan a rubuce ake yinsa, da kwanan wata da bayanin gidan, kuma kuskure a cikinsa kan ja wa mai gida jinkiri ko asarar shari'a ko da shi ke da gaskiya.

Abin da muke gani kuwa dabam ne. Mai gida ya ce "ka tashi ƙarshen wata", in ba a tashi ba ya cire ƙofa, ya yaye kwano da damina, ya yanke wuta, ko ya ɗauko ɗan sanda. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum kan saɓa yarjejeniya kawai, bashin haya kuma a nan yake. Mai gidan da ya ɗauki doka a hannunsa, shi kotu kan ci tara, ko da shi ke bin bashin shekara.

'Yan haya ma ba mu wanke su ba. Wasu na ɗauka wata shidan notis kyauta ne. Ba kyauta ba ne, duk kwanan da aka yi a gidan sai an biya. Wasu kan saka wani a ɗaki ba da sanin mai gida ba, ko su gudu da dare su bar bashin wuta.

Saboda haka muna roƙon Mai Martaba ya umarci hakimai da masu unguwanni su tsaya kan waɗannan. Kada a ba da makulli sai an rubuta yarjejeniya kwafi biyu da shaidu biyu: kuɗin haya, ranar shiga, ranar ƙarewa, wa'adin notis, da wanda zai ɗauki nauyin yashe masai, gyaran rufi da kuɗin shara. A rubuta lambar da mita ke nunawa ranar shiga, domin a nan ake ɗora wa sabon shiga bashin wanda ya fita. Kowane biya ya fita da rasit mai nuna watannin da aka biya. Kuɗin ajiya na ɓarna a faɗi adadinsa da ranar mayarwa, a kuma zagaya ɗakin tare kafin a zaftare ko kwabo. La'adar dillali, da aka saba kashi 10 cikin 100, a karɓe ta sau ɗaya, ba duk shekara ba.

Ƙarin kuɗin haya a sanar da shi a rubuce tun da sauran watanni. Jihar Legas tun 2011 ta hana karɓar fiye da kuɗin shekara guda daga sabon ɗan haya; muna roƙon fada ta ja hankalin masu gidaje su daina neman shekara biyu a dunƙule.

Muna kuma neman a keɓe rana guda a wata don sulhun haya a gaban mai unguwa, wanda ya gagara a tura shi kotu da takardunsa.

Allah ya ƙara wa Sarki lafiya da nasara.

Mu ne talakawanka masu biyayya,
Masu gidaje, 'yan haya da dillalan Zuba.