Roƙon Tallafi Ga 'Yan Gudun Hijirar Sudan Da Ke Adre

Assalamu alaikum, iyayenmu da 'yan'uwa masallata.

Tun ranar 15 ga Afrilun 2023 da faɗa ya ɓarke tsakanin sojojin Sudan da dakarun kar-ta-kwana na RSF, sama da mutum miliyan 10 suka rabu da muhallinsu. Wutar ta kai har jihar Sinnar a 2024, inda Hausawan garin Mai Wurno suke zaune tun bayan yaƙin Burmi da aka yi da Turawan mulkin mallaka a 1903. Waɗanda kwamitin masallaci ke nema wa taimako a wannan karon su ne mutanen yankin Darfur na yammacin Sudan da suka tsira daga kashe-kashen garin Janaina, suka tsallaka zuwa garin Adre a gabashin Chadi, wasu a ƙafa, wasu bisa jaki. Galibi mata ne da ƙananan yara.

A sansani, tamowa da gudawa ne ke ɗauke yara, kuma ruwa ne tushen matsalar. Ma'aunin masu aikin agaji lita 15 ne a rana ga mutum ɗaya, har da sha da girki da wanka. Gida mai mutum 6 ke nan yana bukatar lita 90, wato jarka huɗu da rabi mai cin lita 20. Idan uwa ta samu jarka ɗaya bayan dogon layi, sha za ta fifita, wankin hannu ya sha kashi, daga nan ciwo ya shiga tukunya.

Don haka kuɗi muke roƙo. Da su za a sayi dawa da wake da man girki a kasuwannin can, da sabulu, jarkoki masu murfi, da sinadarin gishiri da sukari. Ku yi mana haƙuri da gwanjo, kuɗin ɗaukarsa ya fi ƙimarsa. Ragowar magungunan gida ma ba za mu karɓa ba. Madarar gwangwani ta jarirai kuwa, duk da kyakkyawar niyyar mai bayarwa, haɗari ce: da gurɓataccen ruwa za a dama ta, kuma in uwa ta rage shayarwa sai nononta ya ja baya.

Akwai gaggawa, domin da zarar damina ta kankama koramu kan cika su datse hanyar manyan motoci, farashin hatsi ya tashi.

Ma'aji zai zauna a ƙofar gabas bayan sallar Juma'a. Kowa ya karɓi rasit, komai ƙanƙantar abin da ya bayar. Mata su miƙa wa uwargidan liman. Za a karanta jimlar abin da aka tara a gaban jama'a kafin a tura.

Allah Ya saka da alheri.

Kwamitin Masallaci