Tunatarwa Kan Taswirar Sauka da Na'ura

Assalamu alaikum ƴan uwa matuƙa jiragen sama. Kafin ku fara gangarowa, ku tabbata taswirar da ke hannunku ta titin da aka ba ku ce, kuma ba ta tsufa ba, domin ana sabunta bayanan duk kwana 28. Ku duba mitar ILS, wato na'urar rediyo da ke jagorantar jirgi zuwa titin sauka, da alƙiblar shiga, sannan ku faɗi tsayin yanke shawara a bayyane, wato tsayin da za ku zaɓi sauka ko fasawa, wanda a rukuni na ɗaya na ILS ba ya gaza ƙafa 200. Inda na fi ganin sakaci shi ne tsarin fasa sauka. Ku haddace kwanar farko da tsayin da za ku hau tun kuna saman gajimare, saboda idan fitilun titi suka ƙi bayyana, babu sukunin lalube a takarda.