Wasiƙa zuwa ga ɗana a kan hukuncin bashin nan

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ina fata kana lafiya, kai da iyalinka.

Ƙaninka ya karanta mini takardar hukuncin. Alƙali ya amince ka riƙa biyan kuɗin dilolin atamfar nan kashi-kashi, duk ƙarshen wata. Na kuma ji kana ta ɓacin rai, wai an tozarta ka a Kantin Kwari. Haba! Bashi hanji ne, yana cikin kowa. Sassaucin da ka samu Allah ne ya yi umarni da shi a Suratul Baƙara, aya ta 280, cewa a jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci. Amma Manzon Allah (SAW) ya ce jinkirin mai hali zalunci ne. Duk watan da kuɗi ya shigo hannunka, kai mai hali ne.

Abin da nake so ka riƙe shi ne ranar biya. Ka sa lauyanka ya duba maka takardar da kyau, domin sau da yawa akan rubuta cewa idan aka tsallake wata ɗaya, ragowar kuɗin gaba ɗaya ya hau kan mutum nan take. Daga nan Alhajin da ke bin ka bashin na iya komawa kotu, a turo ma'aikata da 'yan sanda su kwashe kayan rumfarka a yi gwanjonsu, kuma ka san yadda gwanjo ke karya darajar kaya. Ko kuma a umarci banki ya riƙe abin da ke asusunka.

Kada ka miƙa wa kowa kuɗi hannu da hannu, ko da Alhajin ne da kansa ya ce ka kawo masa shago. Ka bi hanyar da kotu ta faɗa, ka karɓi rasit. 'Yar takardar nan ta POS kuwa rubutunta gogewa yake yi, bayan 'yan watanni sai ka ga fara fat. Ka yi mata fotokwafi ranar da aka ba ka, ka haɗa da takardar hukuncin a jaka ɗaya.

In kasuwa ta tsaya, kada ka kashe waya. Ka je kotu tun kafin ranar ta zo, ka nemi a rage maka kason. Masu zuga ka ka ɗaukaka ƙara kuma ba su gaya maka cewa ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta tsayar da aiwatar da hukunci ba, sai kotu ta ba da umarni na daban.

Bashin manhajojin waya, na hana ka. Riba ce, ga tona asiri a wurin duk wanda lambarsa ke wayarka. Zinaren matarka ma nata ne, kada ka matsa mata.

Mahaifiyarka ta so sayar da tumakinta, na ce ta dakata. In Allah ya kai mu kaka, na sayar da gyaɗa, zan ɗauke maka kason wata ɗaya. Ka turo mini hoton rasit na farko ta wayar ƙaninka.

Ka gaida mutanen gida.

Mahaifinka.