Na'urar duba mota ba boka ba ce

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ni makanike ne a wani ƙauye kusa da Ringim. Ina so a ja kunnen direbobinmu kan ƙaramar na'urar nan ELM327 da ake sokawa a ƙarƙashin sitiyari, ta haɗu da waya ta Bluetooth. Yanzu kowa ya sayo ɗaya sai ya ɗauka ya gama koyon gyara.

Ranar kasuwa wani ya kawo min tsohuwar Peugeot 504, wai a duba ta da waya. Na ce, Alhaji, motarka kafireta gare ta, babu kwamfuta a cikinta, da wa na'urar za ta yi magana? Soket ɗin mai baki 16 da ake soka na'urar a ciki sai a 1996 aka wajabta shi a Amurka. A Turai kuwa 2001 ga masu fetur, 2004 ga masu dizal. Tokumbo da ta girmi haka, sau da yawa shiru za ka ji.

A Corolla ko Camry tana aiki sosai, amma lambar matsala take bayarwa, ba ta faɗin ainihin abin da ya lalace. P0300 na nufin injin na tsallake wuta. Fulogi ne, koyil ne, ko gurɓataccen man bumburutu? Wannan sai an buɗe bonet. Mai arha ma galibi ba ta ganin matsalar ABS, tsarin da ke hana tayoyi kullewa in an taka birki.

Abin da ya fi ci min rai shi ne dillalan da ke goge fitilar gargaɗi da ita kafin ciniki. Mai saye ya tuƙa motar sosai tukuna, ya sake dubawa, sannan ya biya.

Naka,
Wani makanike, Ringim, Jihar Jigawa